Dami Shida da Aka Ƙulla Mini Ba Na Nan

Abubuwa da yawa sun same ni a rayuwa waɗanda yanzu ko na nemi in tuna su ba sa zuwa. Amma maganar jakata da rumbun taimako na garinmu ba za ta fita daga raina ba har in koma ga Mahaliccina. Abin ya faru ina da ƙarfina, 'yan shekaru bayan babbar yunwar nan da ta watsa mutane, lokacin da kuɗin wuri yake barin kasuwa, kobo da sule suna shigowa.

Garinmu ƙaramin ƙauye ne tsakanin Ɗanzomo da Sule Tankarkar. Bayan yunwar, dattawa suka zauna suka ce ba za a sake zuba ido marayu su kwana da yunwa ba alhali akwai Musulmi a gari. Suka sa aka gina babban rumbu a bayan masallaci. Kowace kaka, kowace tukunya ta kawo dami biyu na gero. Daga ciki ake taimakon matar da mijinta ya rasu, da wanda gobara ta ci gidansa, da wanda shuka ta zo ba shi da iri. Tukunya ake ƙirgawa, ba kawuna ba. Idan mutum ashirin suna ci daga tukunya ɗaya, dami biyu ne. Idan gida ɗaya ya raba tukunya, dami huɗu ne, kuma maigida ake bi.

Wanda aka ba riƙon rumbun wani dattijo ne mai amana, bai iya rubutu ba, da igiyar kaba yake lissafinsa. Kowane gida da igiyarsa a rataye a zaurensa. Wanda bai kawo ba, ya ƙulla masa ƙulli, kowane dami ƙulli ɗaya. Da yake namiji ba ya shiga gidan wani ya leƙa murhu, hayaƙi yake dubawa. Da hantsi ya zaga gari da sandarsa yana kallon saman danga. Inda ya ga hayaƙi biyu suna tashi kullum, ya san tukunya biyu ce.

Wannan dattijo ƙanin mahaifin mai ɗakina ne, Allah ya jiƙanta. Shi ya riƙe ta tun tana ƙarama, shi ya ba ni ita. Baffa take ce masa, ni ma a bayan idonsa haka nake cewa. A gaban idonsa kuwa ba na cewa komai sai gaisuwa, a durƙushe, takalmi a hannu. Idan na hango shi a hanya sai in ratse ta cikin gona. Shi ma bai taɓa wuce zaurena ba, bai taɓa kallon fuskata ba. Kunyar surukai ke nan ta wancan zamani. 'Yan yanzu sukan yi dariya idan an ba su labari, amma mu a wurinmu ita ce girmamawa.

Ni da yayana gandu muke yi, tukunyarmu ɗaya. Da Allah ya yi masa rasuwa, matarsa da 'ya'yanta huɗu suka ci gaba da zama a gidan, a hannuna. Noma kaɗai ba zai riƙe mu ba. Shi ya sa da an gama kaka nakan ɗaura wa jakata mangala in yi arewa, in kai gero da gyaɗa wajen Damagaram, in ɗauko kanwa da gishirin manda in sauke a Maigatari, wani lokaci har Gumel ko Gagarawa. Jakar nan ta san hanya fiye da ni. Ko na yi gyangyaɗi ina tafe, ita za ta ratse wurin rijiya. Mai ɗakina kuma ta kama sana'ar daddawar batso. Gurguzu, 'ya'yan yakuwar da ake yin ta da su, yana son wuta mai daɗewa, saboda haka ta kafa wani murhu daban a ƙuryar gida, kusa da danga.

A ranin shekara ta uku da rasuwar yayana na yi tafiya mai nisa, na yi wajen kwana arba'in. Da na dawo Maigatari na sauke kaya, sai na ba wani mutumin garinmu jakar ya wuce da ita gida ta huta, don tana da ciki. Ni na tsaya kwana shida ina karɓar kuɗin kanwa, sannan na taho a ƙasa.

Na shiga gida ranar Asabar da la'asar. Abin da na fara gani turke, ba jaka. Akumarin da nake ɗaura mata a baya yana jingine a inda na saba ajiye shi. Mai ɗakina ta kawo mini ruwa, ta bari na sha, ta tambaye ni hanya, sannan ta zauna nesa kaɗan ta ce, "Malam, shekaranjiya mutanen dagaci sun zo sun kwance ta."

Na ce, "Haraji? Ai na biya."

"Ba haraji ba ne. Sun ce rumbun taimako yana binka dami shida. Wai tukunya biyu muke yi shekara uku, kana kai na ɗaya."

"Wa ya ce?"

Ta sunkuyar da kai. Ta ce, "Igiyar Baffa ce ta ce."

Ta gaya mini ta fito har zaure ta ce musu maigidan ba ya nan, su bari ya dawo. Suka ce an riga an zauna an yanke. Ranar Alhamis za a kai jakar kasuwar Maigatari a sayar, a cire kuɗin dami shida, a kawo mini abin da ya rage.

Ban iya cin tuwo ba ranar nan. Ba dami shidan ne suka dame ni ba, ko da yake a ranin nan dami shida ba wasa ba ne. Abin da zai rage daga kuɗin ba zai sayi jaka irin tawa ba, balle mai ciki, kuma in babu ita babu fatauci, ga baki goma a gida. Sannan ga suna. A ce wanda yake riƙe da marayun ɗan'uwansa shi ne mai cin haƙƙin marayun gari.

Washegari na tafi wurin dagaci. Sabon naɗi ne, ya gaji mahaifinsa, mutum ne mai son a ga aiki. Ya tarar rumbu ya yi ƙasa, ya sa aka kawo igiyoyi, ya ce duk mai ƙulli a karɓa. Ban ce mugu ba ne. Sauri gare shi.

Na faɗi na yi gaisuwa, na ce, "Ranka ya daɗe, na dawo na tarar an yi mini shari'a ba na nan."

Ya ce, "Ba shari'a ba ce, lissafi ne. Ga igiya, ga ƙulli shida. Ko za ka ce dattijon nan ya yi maka ƙarya?"

Ya san inda ya taka. Yaya zan buɗe baki in ce surukina ya yi ƙarya? Na ce, "Ban ce ba, ranka ya daɗe. Ina dai roƙo a ji ta bakina."

"Ga shi ina ji."

Na fara maganar murhun daddawa. Ban kai rabi ba ya ɗaga hannu ya ce, "Duk wanda aka taɓa yana da labari. Na duba maganar nan da kaina, na yanke. Yanzu ma na sake dubawa, tana nan yadda take." Fadawansa suka ce gaskiya ne. Ɗaya daga cikinsu har ya ce, "Kai da kake yawo da kanwa har Damagaram, ƙasar Faransa, dami shida ne zai sa ka kuka?" Aka yi dariya. Na tashi.

Da na koma gida na ce wa mai ɗakina na haƙura. Abin da ya rage shi ne in kai kuka wurin hakimi, kuma kai kuka wurin hakimi kamar kai ƙarar Baffanta ne. Na ce ba zan ja mata wannan abin faɗa ba.

Tana tankaɗe, ba ta ɗaga kai ba ta ce, "Ba ƙarar Baffa za ka kai ba. Za ka je ka ce ba a tambaye ka ba. An tambaye ka?"

"A'a."

"To ina ƙarar?"

Ta ɗaure mini fura a ƙwarya da 'yar daddawa a ganye in kai wa mai masauki. Ba mace ce mai yawan magana ba. Shekara arba'in da wani abu muka yi tare, kuma maganganunta da nake riƙe da su duk gajeru ne irin wannan.

Na isa garin hakimi ranar Litinin da hantsi. Na zauna a ƙofar fada tare da masu rikicin gona da masu rikicin rijiya har rana ta take. Da aka shigar da ni, na ga hakimi, dattijo siriri, a kan buzu, malaminsa a gefe da alƙalami da tawada. Na faɗi abin da ya kawo ni. Na yi ta nanata cewa tukunyarmu ɗaya, hayaƙi na biyu na daddawa ne.

Ya ce, "Dakata da maganar tukunya. Ni ban ga tukunyarku ba. Da za a zauna, an aika maka?"

"A'a, ranka ya daɗe."

"An san inda kake?"

"Gari duka an san ina Maigatari."

"Wa ya tsaya a madadinka?"

"Ba kowa."

Ya juya ya dubi malaminsa, malamin ya rubuta. Nan take ya tashi jakada a kan doki, ya ce a gaya wa dagaci ya zo gobe da mai rumbu da igiyar, kuma jaka kada ta motsa daga inda take.

Ranar Talata suka iso. Baffa ya zauna can gefe ya ba ni baya, ni ma na karkata. Hakimi ya lura, ya tambaya, aka gaya masa surukai ne. Ya gyaɗa kai. Ya fara da dagaci.

"Wa ya yanke cewa mutumin nan ya biya dami shida?"

"Ni ne, ranka ya daɗe."

"Wa ya sa a kama jakarsa?"

"Ni ne."

"Da ya dawo, wurin wa ya kai kuka?"

"Wurina."

"Ka duba hukuncinka, ka ga ya yi maka kyau?"

Wani daga cikin fadawa ya kasa riƙe dariya, hakimi ya dube shi sau ɗaya, ya haɗiye ta. Sannan hakimi ya tausasa murya ya ce wa dagaci, "Ba laifi ba ne ka so rumbu ya cika. Amma Maigatari tafiyar yini ce. Da ka aika, da ba mu zauna nan ba."

Ya juya wurin Baffa ya ce, "Malam, shekara uku kana ƙulla wa mutum ƙulli. Ka taɓa ce masa ga abin da ake binka?"

Baffa ya murza sandarsa. Ya ce, "Ranka ya daɗe, mijin 'yata ne. Da wane baki? Shekarar farko na ce suna cikin makoki. Ta biyu na ce zai gane da kansa. Na so in kwance ƙullin in biya daga rumbuna, sai na ga amana ce, ba tawa ba. Ban san za a kai ga kama dabba ba."

Sai a lokacin na gane cewa dattijon nan shekara uku yana ɗauke da abin shi kaɗai. Yana ganina ina ratsewa cikin gona, ni ina cewa ladabi nake yi, shi yana tsammani gudunsa nake.

Na zaci hakimi zai ce ni ke da gaskiya. Bai ce ba. Ya ce a mayar mini da jakata da zarar an koma gari, domin an karɓe ta kafin a ji ni. Ya ce maganar dami kuwa tana nan, ba a kashe ta ba. A koma gari a sake zama, limami ya shugabanta da dattawa biyu waɗanda ba su zauna a karon farko ba. Dagaci ya faɗi nasa, mai rumbu ya faɗi nasa, ni in faɗi nawa, a kuma tambayi matan gidan, tunda su ke hura wutar. Wanda bai gamsu ba, ƙofa a buɗe take har Gumel wurin alƙali.

Na ce, "Ranka ya daɗe, ai da ka yanke a nan."

Ya ce, "So kake in yi wa rumbu abin da aka yi maka?"

Ranar Laraba da yamma jakata ta kwana a turkenta. Ta rame kaɗan, amma lafiyarta ƙalau. Na tsaya ina shafa wuyanta har aka kira magariba.

Aka zauna ranar Juma'a bayan an sauko, a zaurena, domin matan su ji daga bayan zana. Na faɗi nawa tun daga farko har ƙarshe, ba wanda ya katse ni. Limami ya sa wata tsohuwa ta shiga ta duba murhun. Ta fito tana toshe hanci ta ce, "Wannan kam ko makaho ya san ba tuwo ake yi a kansa ba." Aka yi dariya, har dagaci. Na ji kamar an sauke mini dutse. Na ce a raina an gama.

Sai limami ya ɗaga murya ya ce, "Uwargida, ina tambayarki saboda Allah. A shekara ukun nan, tukunyar abinci ɗaya ce a gidan nan?"

Daga bayan zana na ji muryar mai ɗakina, ba rawa a ciki. "Malam, ta farko ɗaya ce, ta bana ma ɗaya ce. Ta tsakiya kuwa biyu ce."

Ta ci gaba da cewa a shekarar nan matar yayana ta nemi a ware mata gefen gonar mijinta ta gwada tsayawa da kanta, na ware mata. Ta yi ɗan rumbunta, ta yi girkinta daga kaka har bazara, a kan murhun daddawar idan an sauke gurguzu. Geron bai kai ta ba, ta dawo tukunyarmu. Matar yayana ta ce haka ne.

Gaskiya ne, kuma na sani. Ni na auna mata gonar da ƙafata. Amma ban taɓa ƙirga shi a matsayin rabuwa ba, domin a raina gwaji ne kawai, kuma lokacin da ake girkin ni ina hanya. Da na je gaban hakimi ban ɓoye ba da gangan. Haushi ne ya rufe mini wannan shekara gaba ɗaya.

Limami da dattawan suka fita gindin tsamiya suka yi shawara, suka dawo. Suka ce ƙulli huɗu a kwance, biyu suna nan. In biya dami biyu, ko yanzu ko in kaka ta zo, yadda ya sauwaƙa. Suka ce daga yau duk wanda za a ƙulla masa, a gaya masa a gaban shaida a kakar nan, idan kuma akwai kunya tsakaninsa da mai rumbu, limami ya kai saƙon. Limami ya tambaye ni ko na gamsu. Na ce na gamsu. Ya tambayi dagaci, shi ma ya ce ya gamsu.

Da mutane suka watse na shiga gida ina huci. Na ce mata, "Ke da kika tura ni wurin hakimi, ke ce za ki kwance mini zani a gaban gari? Kin san da wannan magana, me ya hana ki gaya mini?"

Tana kwashe tabarma. Ta ce, "Ka tambaye ni?"

Ta naɗe tabarmar, ta ci gaba.

"Ka shigo ka ji maganar igiya, ka ce tukunyarmu ɗaya, ka yanke. Ni ke riƙe da muciya, amma ba ka ce mini, wance, yaya abin yake ba. Liman ne ya fara tambayata."

Na fita na zauna kusa da turke. Can sai ga ta da tuwo, ta ajiye ta ce, "Ci, miyar da daddawar da ta jawo mana shari'a aka yi ta." Na yi dariya ba don na so ba. Na cinye tas.

Ban jira kaka ba. Da safe na hau rumbuna na zaɓo dami biyu masu kyau. Ban ɗora wa jakar ba, na ɗauka a kaina, ɗaya bayan ɗaya, na bi ta tsakiyar gari. Baffa yana zaune a bakin rumbun taimako. Na ajiye na biyu, na durƙusa na gaishe shi, ya amsa yana kallon gefe kamar kullum. Ya jawo igiyar gidanmu. Yatsunsa sun tsufa, kabar ta bushe, ya daɗe yana fama da ƙullin nan biyu. Na so in karɓa in taya shi, ba hali. Da ya kwance na ƙarshe, ya miƙe igiyar a kan gwiwarsa ya shafa ta. Sannan ya dubi bangon rumbu, kamar da shi yake magana, ya ce, "A gaya wa mai gidan nan ya sha ruwa kafin ya tafi. Rana ta yi." Ba kowa a wurin sai ni da shi. Na ɗauki butar da ke gefensa na sha.

Abin da na koya ke nan, kuma na koye shi ta fuska biyu a mako ɗaya. Dami shidan da aka yanke mini ba na nan, da an karɓe su da har yau ina ganin an zalunce ni, ko da a ce duka shidan gaskiya ne. Biyun da aka yanke bayan an ji ni, na kai su da kaina, ban taɓa jin zafinsu ba. Tun daga ranar nan, ko tsakanin 'ya'yana ne aka kawo mini ƙara, ba na buɗe baki sai na ce a kira ɗayan, in ji nasa, sannan in tambayi wanda abin ya faru a gabansa, ko da ina ganin na riga na san amsa.